Kuɗinka Ya Kai, To Kwalin Fa?

Daga wani ɗan aji biyu, Ƙungiyar 'Yan Jarida



Ranar Talatar da ta wuce, bayan malamin lissafi ya fita, wani ɗan ajinmu ya rufe littafinsa da ƙarfi ya ce shi fa bai ga abin da lissafi zai tsinana masa ba, tunda da ya gama makaranta kasuwa zai shiga, kuma a kasuwa ba a tambayar mutum x da y. Aka yi ta buga benci ana cewa ya faɗi gaskiya. Ni ban ce uffan ba, don ya girme ni kuma ya fi ni baki. Amma tunda a jaridar bango babu mai katse mutum, ga amsata. A ganina wanda zai shiga kasuwa yana cikin waɗanda suka fi kowa buƙatar lissafi, domin kullum abu biyu ne suke matse shi: kuɗin da ke aljihunsa, da wurin da zai zuba kayan da ya saya. Sai da na jawo wa Innata asara kafin na gane haka, kuma zan ba ku labarin duk da ba daɗinsa nake ji ba.

Inna tana sayar da 'yan kayan miya a cikin gida. Gishiri, maggi, sabulun wanki, ashana, da makamantansu. Matan unguwa su aiko yara su saya na hamsin ko na ɗari. Jarinta naira 20,000 ne, kuma da ɗaukar adashe ta haɗa shi. Da ribar nan take yin zubin adashen, da ita take saya mana biro da littafi idan Baba bai sayar da amfanin gona ba. Ni ne babban ɗa namiji a ɗakinmu, saboda haka ni ake aika sari ranar kasuwa. Ina tafiya da keken Baba, da wani kwali da muke ɗaurewa a baya da robar taya. Daga gidanmu zuwa kasuwa tafiyar kusan rabin awa ce, kuma akwai wurin da yashi yake kama ƙafar keke sai an sauka an tura.

Da can Inna take faɗa mini abin da zan sayo, ni kuma in rubuta a tafin hannu. Wata rana a farkon damina ta ce na yi wayo yanzu, in duba da kaina abin da ya fi riba in sayo. Na ji kaina ya yi girma. A hanya na yi lissafina kamar haka. A lokacin ledar gishiri naira 200 muke saro ta. Idan Inna ta ƙuƙƙulla ta sayar, tana tashi 260, wato ribar naira 60. Fakitin maggi kuma naira 1,200 ne, idan aka sayar ɗai-ɗai ya tashi 1,400, ribar 200. Sai na raba. Kowace naira ɗari da aka sa a gishiri tana haifar da naira 30. Wadda aka sa a maggi ba ta kai 17 ba. Ashe gishiri ya kusa ninka maggi riba! Na ce yau Inna za ta san tana da ɗan boko. Na sayi leda 70 ta gishiri a kan 14,000, ragowar 6,000 na sayi maggi fakiti biyar. A ƙwaƙwalwata riba ta riga ta kai 5,200.

Rabawar da na yi daidai ce, ko yau ban ga kuskure a cikinta ba. Abin da ban tambayi kaina ba shi ne: ina zan zuba leda 70? Kwalin ya cika tun ban kai rabi da kwata ba. Na danna, na tattaka da gwiwa, na ɗora sauran a sama na ja roba. Ban fita daga bakin kasuwa ba gindin kwalin ya yage, gishiri ya watse a ƙasa mai laka. Leda shida suka fashe. Mutane suka taya ni tsincewa, wani dattijo mai sayar da igiya ya ba ni tsohon buhu, yana cewa yaro ido ba mudu ba ne amma ya san kima. Dole na kira ɗan acaɓa ya ɗauki buhun zuwa gida a kan naira 1,000, kuma babu ko sisi a jikina, sai Inna ce ta ciro daga kuɗin cefane ta biya shi a ƙofar gida.

Ba ta dake ni ba, ba ta ma yi faɗa sosai ba. Da ta dake ni da ya fi mini sauƙi. Maggi biyar ɗin nan cikin kwana biyu suka ƙare. Yara su zo sayen maggi a ce babu, su wuce gidan gaba, daga nan kuma su sayi gishirinsu da ashanarsu a can. Gishirinmu kuwa yana jibge a kusurwar ɗaki, ga damina, wanda aka ƙulla ya fara jiƙewa. Sai da ya kusa wata guda kafin ya ƙare. Daga baya na zauna na haɗa: leda 64 sun kawo 16,640, maggi ya kawo 7,000, jimla 23,640. A cire jari da kuɗin acaɓa, saura 2,640. Abin da Inna ta saba samun fiye da shi a mako ɗaya, shi muka samu a kusan wata. Ranar zubin adashe ta zo babu kuɗi a ƙasa, ta sayar da kajinta biyu, ɗaya ma tana cikin yin ƙwai. Har yau idan aka yi maganar kazar nan a gida ƙannena ni suke kallo.

Bayan wannan na daina yarda da lissafin ka a kan keke. Na samo wani kwalin irin wancan, na zauna da takarda. Abu na farko da na yi shi ne auna kwalin. Ba ni da abin awo, sai na jera ledojin gishiri a ciki yadda murfi zai rufu ba dannawa. Guda 40 suka shiga. Na kira wurin kowace leda gurbi ɗaya. Na gwada fakitin maggi, na ga shi ma kusan gurbi ɗaya yake ci. Yanzu ina da iyaka biyu a rubuce: naira 20,000, da gurbi 40. Ku ɗauko biro ku bi ni, ba wuya.

Idan gishiri zalla na saya, kuɗina zai iya sayen leda 100, amma kwali 40 kawai zai ɗauka. Na kashe 8,000, riba 2,400, sannan 12,000 ta dawo gida tana barci. Idan kuma maggi zalla ne, kuɗin zai sayi 16 a kan 19,200, riba 3,200. Canjin 800 ya sayi gishiri huɗu, riba ta zama 3,440. A nan kuɗi ya ƙare amma rabin kwali iska ce a ciki. Kun ga a hanya ta farko kuɗi ne ya zauna ba aiki, a ta biyu wuri ne ya zauna ba aiki. Sai na ce to me zai hana in sa su duka biyu su yi aiki?

Ga dabarar da ta zo mini. A takarda na fara cika kwalin da abu mai araha, wato gishiri 40, saura 12,000 a hannu. Sai in ciro gishiri ɗaya in sa maggi ɗaya a gurbinsa. Wannan musanya tana cin ƙarin naira 1,000, tunda maggi 1,200 ne gishiri 200. Amma tana ƙara riba da naira 140, tunda na bar 60 na kama 200. Sau nawa zan iya yin musanyar da 12,000? Sau 12. Ke nan maggi 12, gishiri 28. A duba: maggi 12 sun ci 14,400, gishiri 28 sun ci 5,600, jimla 20,000 cif. Kwali ya cika cif. Riba kuma 2,400 da 1,680, wato 4,080. Na gwada maggi 11, na gwada 13, duk ba su kai haka ba. Jari ɗaya, kwali ɗaya, keke ɗaya, amma tsakanin 2,400 da 4,080 akwai naira 1,680, kuma babu abin da ya kawo ta sai zaman minti ashirin da biro.

Na ruga na nuna wa Inna ina murna. Ta saurare ni har na gama, sannan ta ce: "Ɗan nan, gishiri 28 wa zai saya? Unguwar nan tamu ba ta cin fiye da leda ashirin kafin wata kasuwar." Nan na ga akwai iyaka ta uku da takardata ba ta sani ba, ita kuma Inna ta san ta tun kafin a haife ni. Ta ce in sa sabulun wanki a lissafin, wanda muke sarowa 500 mu sayar 600, shi ma gurbi ɗaya. Na koma. Gishiri 20 sun ci 4,000, saura 16,000 da gurbi 20. Na sake yin dabarar musanya: sabulu 20 sun ci 10,000, saura 6,000, kowace musanya da maggi tana cin 700, sau takwas ke nan da canjin 400. Sabulu 12, maggi 8, gishiri 20, riba 4,000. Abin da ya ba ni mamaki, da na gwada maggi 9 da sabulu 10, riba 4,000 ce. Maggi 10 da sabulu 8, ita ce dai 4,000. Hanya uku, riba ɗaya. Inna ta zaɓi ta farko don ita ce take barin canji mai yawa, ta ce a ajiye shi saboda facin taya. Wani makon kuma idan akwai biki ko suna a unguwa sai ta zaɓi mai maggi 10, don ta san za a yi girki.

Da na kai takardar wa malaminmu na lissafi, ya yi dariya ya ce abin da 'yan aji uku suke kuka da shi ne na yi ban sani ba. Ya rubuta a allo: x da y sun zama 40, sannan 200 sau x da 1,200 sau y sun zama 20,000. Ya warware, y ta fito 12, x ta fito 28. To ɗan ajinmu mai cewa ba a tambayar x da y a kasuwa, ga su nan. X gishiri ne, y maggi ce. Sunayen ne kawai ba a kira.

Malam ya ƙara mana da wani labari da ya tsaya mini a rai. Ya ce a Amurka a 1945 wani masanin tattalin arziki mai suna George Stigler ya ɗauki abinci iri 77, yana neman haɗin da ya fi araha wanda zai riƙe lafiyar mutum shekara guda. Babu kwamfuta a hannunsa, sai ya yi ta gwadawa yana zubar da waɗanda ba su da amfani, har ya samu dala 39 da santi 93 a shekara, da farashin 1939. A 1947 aka sake lissafin da sabuwar hanyar da George Dantzig ya fito da ita, ma'aikata tara suka yi ta aiki da injinan lissafi na tebur, amsarsu ta fito dala 39 da santi 69. Bambancin santi 24 ne kacal. Abin da na ɗauka a labarin shi ne, wanda ya zauna da takarda ya gwada cikin natsuwa zai matso kusa da amsa mafi kyau ko da bai san babbar hanyar ba. Malam ya ce irin wannan lissafin ne manyan kamfanoni suke yi yau idan za su loda mota ko jirgi, sai dai su kayansu dubbai ne, kwamfuta take yi musu.

Na san abin da wasu za su ce, don an riga an faɗa mini. Za su ce iyayenmu da kakanninmu ba su zauna a aji ba, ga shi suna kasuwanci lafiya. Gaskiya ne, amma wa ya ce ba sa lissafi? Mu nan Baure bakin iyaka muke. Duk wanda ya taɓa zuwa Babban Mutum ya ga mutanen Nijar na wajen Magariya suna ciniki da sefa, kuma da dala suke ƙirga ta. Dala ɗaya sefa biyar ce. Abin da aka rubuta 100 a jikinsa su dala ashirin suke ce masa, mai 500 dala ɗari, mai 1,000 kuma jaka guda. Kakata ba ta san harafi ko ɗaya na boko ba, amma idan aka ce mata dala ɗari da hamsin, kafin in gama neman biro ta mayar da shi sefa, ta mayar da shi naira da canjin ranar, ta kuma ce ya yi tsada. Wannan ninkawa ce da rabawa, irin wadda muke faɗuwa a jarrabawa. Haka masu zuwa kasuwar dabbobi ta Mai'aduwa ranar Lahadi. Kafin mutum ya taya rago ya riga ya san nawa motar za ta ɗauka da kuɗin kowane kai zuwa inda za a kai su. Kakana ma yana ba mu labarin fataken da, masu zuwa Gwanja da jakuna, su tafi da kanwa su dawo da goro. Jaki ba ya ɗaukar fiye da ƙarfinsa komai yawan dukiyar mai shi, saboda haka dole madugu da mutanensa su zaɓi abin da darajarsa ta fi nauyinsa. Kwalina ne dai, nasu mai ƙafa huɗu.

Saboda haka ban yarda da masu cewa lissafi abin Turawa ne ko kuma su ba su da kan lissafi ba. A ƙasar Katsina aka yi Muhammadu ɗan Muhammadu Al-Fulani Al-Katsinawi, wanda ya rubuta littafi a kan lissafin hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741, har yau masana lissafi suna ambatonsa. Amma akwai inda nake ganin takarda ta fi ka. Manya sun ƙware ne a kan abin da suka saba. Idan farashi ya daɗe a wuri ɗaya, sabo ya isa. Tun da aka cire tallafin man fetur ranar 29 ga Mayu 2023 farashi bai cika zama wuri ɗaya ba, kuma kayan ba tare suke tashi ba. Wannan ya hau, wancan ya tsaya, wani ma ya sauko. Haɗin da ya fi riba a watan jiya zai iya zama na asara a wannan watan, mutum yana nan yana sayen abin da ya saba. Sannan kai yana riƙe kaya biyu ko uku ne. Idan suka kai takwas, ga kuɗi ga wuri ga abin da unguwa za ta iya saye, ko Kakata sai ta ce a kawo tsakuwa a jera.

Ko wanda gidansu ba a sayar da komai yana da ruwa a wannan magana, don kowa ana aikensa. Mun taso da jin cewa babban abu ya fi araha. Sau da yawa haka ne, amma ba kullum ba. Na taɓa ganin ledar sukari mai giram 500 a kan naira 900, a teburi ɗaya kuma mai giram 250 tana 400. Ƙanana biyu 800 ke nan, nauyi ɗaya. Mai teburin ma bai lura ba, don ya ƙara wa babbar kuɗi bai kai ga ƙananan ba. Rabawa ɗaya ce take tona wannan. Haka awon hatsi. Mun san buhu tiya 40 ake lissafa shi, amma tiyar wani ta fi ta wani ciki, kuma akwai mai yin tozo akwai mai shafewa. Wanda ya rage maka naira hamsin a tiya amma kwanonsa ya lotsa, ba lallai ne ya yi maka sauƙi ba.

Inda maganar wuri ta fi girma a gidajenmu shi ne lokacin kaka. Kowa ya san gero da wake sun fi araha da kaka, su yi tsada idan an shiga bazara zuwa damina. Sai mutum ya ce bari in zuba duk kuɗina a wake. To ina za a ajiye? Bari mu yi misali da farashin da na ƙirƙira don lissafi kawai. A ce tiya 2,000 ce da kaka, buhu 80,000. A ce da bazara ta kai 2,800, buhu 112,000. Riba 32,000, abin sha'awa. Amma wake ba ya jiran mutum, ƙwari ne suke rigan mai shi. Idan suka ɓata kashi ɗaya cikin huɗu, saura tiya 30, wato 84,000. Riba ta koma 4,000 bayan wata biyar kuɗi yana kwance, kuma wanda ya rage ɗin ma mai huji ne ba zai yi daraja ba. Shi ya sa kuɗin buhun nan mai leda biyu a ciki da ake kira PICS, wanda yake hana ƙwari iska, dole ya shiga lissafi tun ranar saye. Haka faɗin ɗakin. Buhu biyar a ɗakin da mutum shida suke kwana, ga ɓera, ga yoyon damina, ba ɗaya ba ne da buhu biyar a rumbu mai kyau. Gara mutum ya sayi uku da zai iya karewa, ya juya ragowar kuɗin a wani abin.

Ba na cewa biro yana warware komai. Akwai abubuwan da ban san gurbin da zan sa su ba. Wata maƙwabciyarmu mijinta ya tafi ci-rani, takan karɓi maggi bashi har sai ya aiko. A takardata wannan kuɗi ne da ya kwanta, na kuwa faɗa wa Inna. Ta ce lokacin da ta haifi autarmu wace ce ta yi mata kwana bakwai tana dafa ruwan wanka? Na yi shiru. Akwai kuma mai shagon da muke sari wurinsa, wani lokaci na gaba da shi ya fi shi sauƙi da naira ashirin, amma shi ne yake ɗaga mana ƙafa ranar da kuɗi bai cika ba. Waɗannan Inna ce take yanke su, ni nawa in gaya mata nawa abin zai ci, don ta yi alherinta tana sane. Kuma wanda ya iya lissafi ya yi amfani da shi wajen tauye mudu, ya koma ya karanta Suratul Muɗaffifina a Islamiyya.

Yanzu ina da roƙo ga malamanmu, da fatan ba za a ɗauka rashin kunya ba ne. Yawancin tambayoyin da muke gani a littafi a kan wani mutum ne da ya sayi tuffa ko ya shiga jirgin ƙasa, da farashin da ko alawa ba zai saya ba yau. Yaron da bai taɓa riƙe tuffa ba, ga Turanci yana ba shi wuya, kafin ya gane tambayar an karɓe takarda. Da za a riƙa ba mu wasu tambayoyin da tiya da kwalba da jarka da amalanke, da naira da sefa, da yawa daga masu zama a bayan aji za su ba da mamaki. Na san wata a ajinmu da take cin uku cikin goma a lissafi, amma ita take riƙe cinikin awarar gidansu, kuma ba a taɓa cutarta da canji ba. Ko sau ɗaya a zango a ce kowa ya kawo farashin kaya biyar daga kasuwa, a ba mu jari na ƙarya da kwali na ƙarya, a ga rukunin da zai fi fitar da riba. Ba ya buƙatar ko kwabo daga ofishin shugaban makaranta.

Mu ma 'yan wannan ƙungiya ina ba mu shawara mu ware kusurwa ɗaya a bangon nan mu riƙa liƙa farashin kasuwa duk mako, da kwanan wata. Bayan zango ɗaya za mu ga da idonmu abin da yake hawa da abin da yake sauka, kuma iyayenmu ma za su amfana. Ni na ɗauki gishiri da maggi da sabulu. Ana neman mai ɗaukar hatsi da mai ɗaukar mai.

Ga tambaya ga duk wanda ya karanto har nan, musamman abokina mai shirin shiga kasuwa. An ba ka naira 15,000 da kwali mai gurbi 30. Ledar garin sabulu naira 500 ce, ribarta 120, amma gurbi biyu take ci. Ledar sukari naira 1,000 ce, ribarta 150, gurbi ɗaya. A ɗauka duk abin da ka sayo zai ƙare kafin wata kasuwar. Nawa-nawa za ka saya, kuma nawa ce ribar? A lura, dabarar musanya ɗaya da ɗaya ba za ta yi aiki kai tsaye ba a nan, sai an ɗan yi tunani. A rubuta amsa da yadda aka same ta, da suna da aji, a jefa a akwatin ƙungiya kafin tashi ranar Alhamis. Wanda ya fara kawo daidai za a liƙa sunansa a fitowa ta gaba, kuma yana da ƙuli-ƙulin naira ɗari daga aljihuna.